Wasan Haya A Tafin Hannu: Wa Ya Ci Ribar Cinikin?

Bayan godiya ga Allah Maɗaukakin Sarki da salati ga Manzonsa, tsira da aminci su tabbata a gare shi, a wannan mako filin namu zai tattauna wata magana wadda wataƙila wasu dattawa za su ce ta yara ce, ba ta kai a ɓata tawada saboda ita ba. Ina roƙon irin waɗannan su yi haƙuri su bi ni sannu a hankali, domin kuwa sau da yawa babbar mas'ala takan fake a bayan ƙaramin abu, sai wanda ya tsaya ya duba da kyau yake ganinta.

Abin da ya jawo maganar shi ne, kwanakin baya ɗan ƙanena wanda yake karatu a Ingila ya zo gida hutu. Da ya shigo gaishe ni sai na ga wani baƙin abu a hannunsa, tsawonsa ya ɗara taƙi, da gilashi a tsakiya da maɓallai dama da hagu. Na tambaye shi ko mene ne, ya ce, "Baffa, kwamfuta ce, amma ta wasa. Wasanni ɗaruruwa nake iya buɗewa a cikinta." Na ce, "Kai kuwa ina ka sami kuɗin sayen wasanni ɗaruruwa?" Ya yi murmushi ya ce, "Ai ko ɗaya ban saya ba, kuɗin wata nake biya." Na ce, "To, ranar da ka daina biya fa?" Ya ce, "Sai a rufe ƙofa."

Bayan kwana biyu sai mahaifiyarsa ta kawo mini ƙara, wai yaron nan ba ya kwanciya sai dare ya raba, da asuba kuwa sai an yi ta fama kafin ya tashi. Na kira shi na tambaye shi dalili. Yaron ba mai ƙarya ba ne, saboda haka ya gaya mini gaskiya. Ya ce akwai wani dogon wasa da ya yi nisa a cikinsa, an kuwa ba da sanarwar za a cire shi daga jeri a ƙarshen wata, shi ya sa yake gaggawar kammalawa. Sa'an nan ya rufe da wata kalma wadda ita ce ta hana ni sakewa har na ɗauki alƙalami, ya ce, "Baffa, ba na son kuɗina su tafi a banza."

Kafin mu auna wannan kalma, ya kamata mu san abin da ake magana a kai, domin malamai sun ce hukunta abu reshe ne na fahimtarsa. Ita wannan na'ura tana da iri-iri. Wadda ta fi suna ita ce Steam Deck, wadda kamfanin Valve na Amurka ya fara sayarwa a watan Fabrairu na shekarar 2022, mafi araharta a lokacin dala 399. Cikakkiyar kwamfuta ce aka matse ta har ta zama abin riƙewa da hannu biyu, nauyinta bai kai kilo ɗaya ba, batirinta kuwa kamfanin ya ce yakan yi daga awa biyu zuwa takwas gwargwadon nauyin wasa. Daga baya wasu kamfanoni suka bi sahu: Asus ya fito da ROG Ally a 2023, Lenovo ma ya fito da Legion Go a wannan shekarar.

Biyan kuɗin wata kuwa, wanda ya fi shahara shi ne Game Pass na kamfanin Microsoft, wanda aka buɗe a watan Yuni na 2017. Tsarinsa shi ne mutum ya biya wani adadi kowane wata, a buɗe masa wani babban rumbu na wasanni ya zaɓi wanda ya ga dama. Ana shigo da sababbi, ana kuma fitar da wasu, yawanci bayan an ba da sanarwa ta 'yan kwanaki. A watan Fabrairu na 2024 kamfanin ya ce masu biya sun kai miliyan 34. A watan Oktoba na 2025 kuma ya ɗaga farashin babban matakin daga dala 19.99 zuwa dala 29.99 a wata, abin da ya jawo surutu mai yawa a tsakanin masu wasa. Kuɗin kan fita ne da kansu daga katin banki duk wata, har sai mai katin ya tashi ya soke.

Haɗa waɗannan abubuwa biyu ba kullum yake zuwa da sauƙi ba. Steam Deck tana tafiya ne da tsarin SteamOS, wanda aka gina a kan Linux, alhali wasannin Game Pass na kwamfuta an shirya su ne domin Windows. Saboda haka mai Steam Deck yakan bi ɗayan hanyoyi biyu. Ko dai ya ɗora wa na'urar Windows da kansa, ko kuwa ya yi wasan daga nesa, watau wasan yana gudana a cikin manyan kwamfutocin kamfani a wani gari, hotonsa kawai ake turo masa ta intanet, shi kuma duk maɓallin da ya danna a mayar da saƙo can. Microsoft da kansa ya fitar da bayanin yadda ake yin haka a Steam Deck a watan Maris na 2022. Na'urorin da suka zo da Windows tun asali, irin wadda ɗan ƙanena yake riƙe da ita, su ana iya sauke wasan a cikinsu, amma duk da haka lokaci-lokaci sai na'urar ta tuntuɓi kamfani ta tabbatar ba a daina biya ba.

To, mas'ala ta farko: shin wannan ciniki ya inganta? A fiƙihu sunansa ijara, watau sayen amfanin abu ba tare da sayen abin kansa ba, kamar hayar gida ko hayar keke. Sharuɗɗanta sanannu ne: a san kuɗin, a san wa'adin, a san amfanin, amfanin kuma ya zama halal. Malaman Malikiyya tun da daɗewa sun yi magana a kan irin hayar da ba a yanke mata ranar ƙarewa ba, sai dai a ce kowane wata kaza. Suna kiranta mushahara, sun kuma halatta ta, suka ce kowane ɗaya daga cikin masu cinikin yana da ikon janyewa, sai dai gwargwadon abin da aka riga aka biya, shi kam ya zama dole a cika wa'adinsa. Wanda ya dubi biyan kuɗin wata na zamani zai ga kusan surarsa ke nan.

Mai tambaya zai ce, ai akwai garari a ciki, tun da mai biya bai san wasan da za a cire gobe ba, kamfanin ma bai san awa nawa mai biya zai yi yana wasa ba. Amsa ita ce, ba kowane rashin sani ne yake ɓata ciniki ba. Imam Ƙarafi, babban malamin Malikiyya wanda ya rasu a Misira a shekarar 1285, ya kasa garari kashi uku: mai yawa wanda aka haramta, kamar sayar da tsuntsu yana sama, da ɗan kaɗan wanda aka yafe, kamar harsashin gida da mai saye ba ya gani, da matsakaici wanda aka yi saɓani a kansa. Imam Nawawi, wanda ya rasu a 1277, ya kawo misalin gidan wanka, inda kowa yake biyan kuɗi ɗaya alhali wani yana kashe ruwa fiye da wani, da misalin hayar wata guda alhali wata yakan zo da kwana talatin ko ashirin da tara. A ganina biyan kuɗin wasa ya fi kama da gidan wanka, muddin an bayyana wa mutum tun farko cewa jerin yana canjawa. Allah ne Mafi sani.

Mas'ala ta biyu ta fi ta farko zurfi: mene ne mai biya ya mallaka? A nan ma Ƙarafi ya bar mana wani ma'auni mai kyau a cikin littafinsa Al-Furuƙ. Ya rarrabe tsakanin mallakar amfani da mallakar amfana. Wanda ya mallaki amfani, kamar ɗan hayar gida, yana iya zama da kansa, yana kuma iya sa wani ya zauna, ko kyauta ko da kuɗi. Wanda aka ba ikon amfana kawai, kamar ɗalibin da aka ba ɗaki a makarantar waƙafi ko mai zama a wani gurbi na masallaci, shi kaɗai aka yarje wa, ba ya sayarwa, ba ya bayar da haya. Mai biyan kuɗin wasa a wannan mataki na ƙasa yake. Ba ya sayar da wasan, ba ya ba aboki aro sai iyakar abin da kamfani ya yarda, in ya mutu kuma magadansa ba su da abin rabawa. Na'urar dai tasa ce, amma abin da ya sa ya saye ta yana hannun wani. Bahaushe ya riga ya faɗa, zanen aro ba ya rufe katara.

Wannan ba zato ba ne, an sha gani. Wasan Red Dead Redemption 2, mai dogon labari, ya shiga Game Pass a watan Mayu na 2020, ya fita a watan Satumba na shekarar, wanda bai gama ba sai dai ya saya. Kamfanin Google ya buɗe nasa dandalin wasa daga nesa mai suna Stadia a Nuwamban 2019, ya rufe shi ɗungurungum a Janairun 2023, ko da yake ya mayar wa mutane kuɗin abin da suka saya. Har waɗanda suke tsammanin sun saya sun mallaka ba su tsira ba. A ƙarshen watan Maris na 2024 kamfanin Ubisoft na Faransa ya kashe kwamfutocin da suke riƙe da wasan tseren mota mai suna The Crew, wanda ya fito a 2014, wasan ya daina buɗuwa ga kowa. Wannan ya tayar da ƙura har aka tara sa hannun mutane fiye da miliyan ɗaya a ƙasashen Tarayyar Turai a 2025, ana neman a yi dokar hana irin haka. Jihar Kalifoniya kuwa ta yi doka a 2024 wadda ta hana a ce wa mutum "saya" ba tare da an bayyana masa cewa izinin amfani kawai yake karɓa ba.

Amma adalci ya sa mu faɗi ɗaya ɓangaren. Haya ba aibu ba ce, rahama ce ma ga wanda ba shi da ƙarfin saye. Sabon babban wasa yakan kai dala 70, saboda haka wanda ya biya kuɗin wata guda ya yi wasan da yake so ya fita, ya yi tattali. Mallaka ita ma tana da tata cutar, domin akwai masu sayen wasanni duk lokacin da aka karya farashi, su tara su ba su taɓa buɗewa ba, wannan kuwa almubazzaranci ne tsantsa. Har ila yau, mai hankali yana iya ɗaukar darasi daga wannan rumbu da ake buɗewa ana rufewa, ya tuna cewa gidan da yake ciki da lafiyar da yake taƙama da ita su ma ba a ba shi takardar dawwama a kansu ba. Bambancin kawai shi ne kamfani yana ba da sanarwa kafin ya cire.

Mas'ala ta uku ita ce wasan kansa. Musulunci bai hana hutawa da nishaɗi ba. Ya tabbata Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi tsere da Nana A'isha, ya kuma bar mutanen Habasha suna wasa da masu a masallaci ranar idi, har ya tsaya ta kalla. Ya tabbata kuma an yi hani mai tsanani ga wasan nardu, wanda ake yi da jefa ƙwaya irin ta lido. A kan shaɗaranji, watau darar nan mai sarki da doki, malamai sun saɓa: Imam Malik ya ƙi shi, Imam Shafi'i kuwa ya ga makaruhi ne bai kai haram ba. Waɗanda suka sassauta sun gindaya sharuɗɗa, kada a sa kuɗin caca, kada ya jawo zagi da alfasha, kada ya sa a jinkirta salla har lokacinta ya fita. Waɗannan sharuɗɗa suna nan daram a kan wasan kwamfuta. A ƙara da duba abin da wasan ya ƙunsa, domin a rumbu ɗaya akwai na ƙwallo da na gine-gine da na wasa ƙwaƙwalwa, akwai kuma masu tsiraici da ta'asa. Wasu ma suna sayar da akwatin sa'a, ka biya ba ka san abin da zai fito ba, wanda hukumar kula da caca ta ƙasar Beljiyam ta ce caca ce tun 2018.

To, in ciniki ya inganta, wasan da aka zaɓa kuma ba shi da aibu, saura me? Saura kalmar nan ta ɗan ƙanena, cewa ba ya son kuɗinsa su tafi a banza. A nan ne tarkon yake, ba kuwa a cikin takardar yarjejeniya aka rubuta shi ba, a cikin zuciyar ɗan Adam yake. Wanda ya sayi abu sau ɗaya, abin yana jiransa, in ya ga dama ya ɗauka yau, in ya ga dama sai baɗi. Wanda yake biya duk wata kuwa, kowace rana da ta wuce bai yi wasa ba sai ya ji kamar an ci shi tara. Kun san yadda mutum yake yi in ya biya kuɗin abinci a inda aka ce ci iya cinka: yakan ci har ya wuce ƙoshi, cikinsa ya ɓaci, wai don ya fanshe kuɗinsa. Haka mai wannan haya yake. Da farko shi yake neman wasa don ya huta, daga baya sai wasan ya koma aikin da yake binsa bashi, da wa'adi da ranar rufewa.

Bari mu yi lissafi a fili. A farashin Oktoban 2025, wata goma sha biyu ya kama dala 359.88, watau kusan kuɗin da aka fara sayar da Steam Deck ɗin kanta. Wannan babban kuɗi ne, amma kuɗi abin nema ne, in sun tafi ana iya samun wasu. Yanzu a ɗauki mutumin da yake wasa awa biyu kullum. A shekara ya yi awa 730, in aka raba da 24 ya zama kwana talatin da 'yan awoyi, wata guda cur dare da rana ba barci ba ci. Wannan watan kuwa babu kasuwar da ake sayo shi. Saboda haka wanda ya ƙara awoyi don ya fanshe dalolinsa ya bayar da abin da ba ya dawowa domin ya ceto abin da yake dawowa. Garin neman gira ke nan a rasa ido. Hadisin da Buhari ya ruwaito daga Ibn Abbas ya ambaci lafiya da sarari a matsayin ni'imomi biyu da yawancin mutane suke hasara a kansu, kalmar da aka yi amfani da ita kuwa ta 'yan kasuwa ce, gabnu, wadda ake faɗa wa wanda aka ƙware a ciniki, ya sayar da mai tsada da araha. Abin mamaki a nan shi ne mai sayarwa da mai ƙwarar duk mutum ɗaya ne.

Ita kuma na'urar hannu ta ƙara wa al'amarin wani ƙarfi. Da can wasa yana da wurinsa. Dara tana gindin bishiya, sai an sami abokin karawa, magariba ta yi a watse. Ko kwamfutar tebur ma tana ɗaki guda, in ka fita ka bar ta. Wannan kuwa tana bin mai ita kan gado, cikin mota, layin asibiti, har zauren da baƙi suke zaune. Tana da maɓallin da ake dannawa wasa ya tsaya cak, a sake dannawa ya ci gaba daga inda ya tsaya cikin ƙiftawar ido, saboda haka babu wani ɗan sarari da ya yi mata kaɗan. Alhali waɗannan ƙananan sararin su ne inda mutum yake tunani, yake tuna wanda ya daɗe bai gaisar ba, yake jan tasbihi, yake jin abin da mahaifiyarsa take faɗa daga tsakar gida. Rumbun kuma ba ya ƙarewa, kafin ka gama ɗaya an zubo goma. Iyakar da wuri da abokin wasa da faɗuwar rana suke sa wa mutum a da, yanzu babu mai sa ta sai shi da kansa.

Ba na son a ɗauka ina cewa duk mai wasa majinyaci ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa cutar kamuwa da wasan kwamfuta a cikin kundinta na cututtuka a 2019, kundin ya fara aiki a Janairun 2022, amma ta taƙaita ta ga wanda ya kasa mallakar kansa, ya fifita wasa a kan sauran lamuran rayuwa, ya ci gaba duk da yana ganin ɓarna, yawanci har tsawon wata goma sha biyu. Hukumar da kanta ta ce 'yan kaɗan ne daga cikin masu wasa suke kaiwa nan. Maganarmu ta shafi masu lafiya ne, waɗanda suke karatunsu suna aikinsu, amma ana tsakurar kwanakinsu kaɗan-kaɗan ba su ankara ba.

Da na shimfiɗa wa ɗan ƙanena wannan lissafi, ya yi shiru, sa'an nan cikin ladabi ya ce, "Baffa, in ba za ka yi fushi ba, ku ma ai kuna zaman majalisa daga la'asar har isha, wayarku kuma ba ta barin hannunku." Na so in ce namu daban ne, amma da na auna sai na ga yaron bai yi ƙarya ba. Zaman majalisa yana da zumunci a cikinsa, wannan gaskiya ne, amma nawa ne daga cikinsa yake tafiya a cin naman mutane da gardamar siyasa wadda ba ta ƙara kowa da komai? Mu ma muna sayen data ta wata, in ta kusa ƙarewa wa'adi mu zauna muna kallon abin da ba mu da bukata don kada ta lalace. Mun biya kuɗin tashoshin talabijin, sai mu ga dole a kunna. Ashe ciwon guda ne, kayan aikin ne suka bambanta. Dattijon da zai yi wa yaro faɗa a kan wannan sai ya fara duba nasa hannun.

Abin da muka tsayar ni da shi, wanda nake ganin zai amfani wasu, ga shi. Na farko, mutum ya ɗauka cewa kuɗin da ya biya sun riga sun tafi tun ranar da aka cire su, ko ya yi wasa ko bai yi ba, saboda haka kada su zama dalilin ƙara ko minti ɗaya. Na biyu, ya kashe biyan da yake sabunta kansa, domin kowane wata ya zama sai ya yi sabuwar niyya da hannunsa; yarda ita ce ginshiƙin ciniki, yardar da aka bayar bara aka manta da ita kuwa ta yi rauni. Na uku, ya yanke wa wasa lokaci kafin ya kunna, kada ya bari sai ya gaji, ya kuma keɓe wuraren da na'urar ba ta shiga: kan gado bayan isha, wurin cin abinci, gaban iyaye da baƙi. Na huɗu, in an ce za a cire wasa kafin ya gama, ya bar shi ya tafi. In yana ƙaunarsa ƙwarai ya tara kuɗi ya saya, ya yi shi a natse. Na biyar, ɗalibin da iyayensa suke aiko masa da kuɗin karatu ya sanar da su abin da yake kashewa a nan, domin dukiyar amana ce a hannunsa.

Ban ce masa ya jefar da na'urar ba, ban kuma ce ta haramta ba, domin haramta abin da Allah bai haramta ba shi ma laifi ne babba. Na dai ce masa ya riƙa tambayar kansa duk ƙarshen wata, shi ne ya yi hayar wasa ko kuwa wasa ne ya yi hayarsa. Wasan nan da yake gaggawa a kai an cire shi bai kammala ba. Ranar da zai koma ya zo sallama, na tambaye shi ko ya ji zafin haka, ya ce ya ji na kwana biyu, daga nan ya manta. Mahaifiyarsa kuwa ta ce a makon ƙarshe shi yake tashin ƙannensa da asuba. Ko zai ɗore a can inda babu mai ƙwanƙwasa masa ƙofa, wannan tsakaninsa da Ubangijinsa ne.

Allah Ya sanya albarka a cikin lokutanmu, Ya shirya mana zuriyarmu, Ya sa mu gane darajar kwanakinmu tun suna hannunmu. Abin da muka faɗa daidai daga Allah ne, kuskure kuwa namu ne, muna neman gafararSa. Sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu. Wassalamu alaikum.